In an ce ba ka cika ƙa'idar shiga NCE ko digirin koyarwa ba, ga abin da za ka yi kafin ka ce sai kotu

Duk shekara in lokacin sikirinin ya zo a kwalejojin ilimi za ka ga ɗiya da iyayensu tsaitsaye bakin ofishin admishin da fayil a hannu, an ce ma wanga kiredit ɗinsa bai cika ba, an ce ma waccan sunanta na JAMB bai zo daidai da na NECO ba, wani ma har ya biya kuɗin makaranta ya yi zango guda yana shiga aji sannan a kira shi a ce ai admishin ɗin nasa ba ya kan CAPS, wato shafin JAMB da ake tabbatar da admishin a kai. Daga nan sai ka ji uba ya ce wallahi sai ya kai su kotu. To kotu dai tana nan, kuma haƙƙinka ne ka je, amma mafi yawan masu wagga magana in ka ce su nuna maka takarda ɗaya da makaranta ta rubuta cewa ta hana yaron da dalilin hanawar, babu. Baki da baki aka gaya musu. Alƙali kuwa takarda yake karantawa, sannan yana duba kwanan wata.

Saboda haka abin farko, ka gane ƙa'idar wa aka ce ka karya. Mutane na haɗa su duka su ce "makaranta ta hana", alhali hannu nawa ne cikin abin. NCCE, hukumar da aka kafa a 1989 don kula da kwalejojin ilimi, ita ke fitar da mafi ƙarancin abin da ake buƙata a kowane kwas na NCE. JAMB ita ke riƙe da ƙofar shiga, kuma tun 2017 duk admishin sai ya bi ta CAPS. In digirin koyarwa ne na B.Ed to NUC, hukumar kula da jami'o'i, na da ta cewa. Sannan ita kanta kwalejin, ko ta Maru ce ko Adamu Augie ta Argungu ko FCE Technical ta mata da ke Gusau, tana da kwamitinta na harkar karatu da zai iya ɗora nasa sharaɗi a sama. A nan ne mutane da yawa ke ruɗewa. JAMB ta sa maki 100 a matsayin mafi ƙaranci ga kwalejojin ilimi a 2024 da 2025, sai yaro ya ci 115 ya ɗauka shikenan dole a ɗauke shi. Ba haka ba ne. Wancan 100 ɗin ma'anarsa makaranta ba ta da ikon saukowa ƙasa da shi, amma tana iya hawa sama, musamman a kwas ɗin da ke da cunkoso. In wannan ce matsalarka, gaskiya ba ka da shari'a, ka je ka yi canjin kwas ko canjin makaranta tun fotal bai rufe ba.

Inda ake da abin magana shi ne in an auna ka da ƙa'idar da ba ta cikin abin da aka buga lokacin da ka sayi fom, ko aka canja ta bayan an gama, ko aka ɗauki wanda ke ƙasa da kai a kwas ɗaya da rukuni ɗaya aka bar ka ba bayani, ko aka janye admishin ɗin da aka riga aka ba ka ba tare da an ji ta bakinka ba. Ga misali mai rai: a Oktoba 2025 ma'aikatar ilimi ta tarayya ta fitar da sabon tsari, inda ta ce a matakin NCE kiredit 4 ne mafi ƙaranci, Turanci dole ga masu kwasa-kwasan adabi da zamantakewa, Lissafi dole ga masu kimiyya da fasaha da sana'a, a matakin B.Ed kuwa kiredit 5. Shekara da shekaru kafin nan Lissafi ya hana ɗiya da yawa masu son karanta Hausa da ISS (nazarin addinin Musulunci) ko Larabci. To yanzu in yarinya ta zo da kiredit huɗu har da Turanci, tana da D7 a Lissafi, tana neman Hausa/ISS, aka ce ta koma gida, tambayar da za a yi ita ce wace ƙa'ida ke aiki a shekarar da ta nema, kuma mi makarantar ta buga a tallarta da cikin burosha ta JAMB ta wannan shekara. Shekarar da ka nema ita ce ma'auni, kada ka ɗauko ta bana ka kai ƙorafin shekarar da ta wuce, kada kuma ka yarda a ɗauko ta shekaru biyar baya a auna ka da ita.

Ka kuma duba kanka da gaskiya kafin ka ɗaga murya. C6 kiredit ne, D7 da E8 ba kiredit ba ne ko da kuwa malamin makarantarku ya ce ai ka ci. Zama biyu ake karɓa, ba uku ba. Wanda ya haɗa WAEC ta shekara kaza da NECO da kuma NABTEB ya zama uku ke nan. Masu takardar NBAIS, waɗanda suka fito makarantun Arabiyya kuma muna da su da yawa a nan Zamfara da Kebbi, takardarsu karɓaɓɓa ce a JAMB, amma sai darussan da ke ciki sun dace da kwas ɗin da ake nema. Sannan akwai abin da ya fi kowanne cin mutane a ɓoye, wato rashin ɗora sakamakon sakandare a CAPS. Yaro ya cike fom yana jiran sakamako, sakamako ya fito bai koma cibiyar CBT ya ɗora ba, makaranta ko tana son shi ba za ta iya tura sunansa ba. Wannan ba aikin lauya ba ne, aikin rabin yini ne a Gusau ko Birnin Kebbi.

In ka tabbata kai ke da gaskiya, to sai tara takardu, kuma a ranar za ka fara ba sai an kwana biyu ba. Silif ɗin rajistar JAMB, sakamakon jarrabawa na asali, takardar admishin in an riga an ba ka, rasit na duk kuɗin da ka biya har da lambar Remita, takardar ɗan asalin ƙaramar hukuma, NIN, da tallar da makaranta ta yi ta neman ɗalibai. Ita wagga talla ka ɗauki hotonta da wayarka da kwanan wata a jiki, ka kuma je kafe ka buga ta a takarda, don shafin intanet ana iya sauya shi cikin dare ba wanda zai tuna mi aka rubuta jiya. Haka shafinka na CAPS, ka ɗauki hoton abin da yake nunawa duk lokacin da ya canja. Kada ka ba kowa orijinal ya riƙe maka, kwafi za ka bayar.

Sai ka nemi a rubuta maka dalili. A nan ake buƙatar sanyin baki. In ka shiga wurin jami'in admishin da faɗa za a ce ka fita kuma ka fita ke nan. Ka gaishe shi yadda ya kamata, ka ce ranka ya daɗe, ni ba gardama na zo yi ba, so nake a taimaka a rubuta min wace ƙa'ida ce ban cika ba don in san abin da zan gyara. Sau da yawa zai ce maka, kai yaro ai na gaya maka, mi kuma za a rubuta. Kada ka ja, ka yi godiya ka fita ka rubuta naka. Wasiƙa zuwa ga Rajistara, kwafi ga Furobos, da Turanci za a rubuta ta tunda shi ne harshen ofis, in ba ka iya ba ka samu wanda zai rubuta maka, amma abin da zai kasance ciki bai wuce haka ba: sunana wane, lambar JAMB kaza, na nemi kwas kaza a zangon karatu na kaza, ranar kaza a ofishin kaza aka shaida min da baki cewa ban cancanta ba saboda kaza, ga abin da tallarku ta ce, ga sakamakona a haɗe, ina roƙon a sake duba lamarina a kuma ba ni amsa a rubuce cikin kwana 14. Shafi ɗaya ya isa. Ban da zagi, ban da "na san an sayar da gurbina" in ba ka da hujja, domin wannan jimla kaɗai tana iya juyowa kanka.

Ka yi kwafi biyu. Ɗaya ka miƙa, ɗaya a buga maka hatimin an karɓa da kwanan wata da sa hannu, ka koma gida da ita. Akawun da ke karɓar wasiƙu zai iya cewa hatimin na wurin oga, ka aje ka dawo gobe. To ka dawo goben da takardarka a hannu, kada ka bar ta ba hatimi. In aka yi ta yi maka yawo da hankali sai ka aika ta kamfanin kai saƙo mai ba da rasit, ka adana rasit ɗin. Wanga kwafi mai hatimi shi ne abin farko da lauya zai tambaye ka, shi ne kuma zai nuna ma kotu cewa ka bi hanyar cikin gida kafin ka zo.

A lokaci guda ka buɗe tikitin ƙorafi a shafin JAMB, kyauta ne, kuma amsar da za su ba ka a rubuce take zuwa. In makarantar tarayya ce kana iya amfani da dokar 'yancin samun bayanai ta 2011 ka nemi a ba ka ƙa'idar da aka yi aiki da ita da makin da aka tsaya a kwas ɗinka, dokar ta ba su kwana 7 su amsa. Wannan na da amfani ga mai zargin an tsallake shi, don a makarantun tarayya ba maki kaɗai ake dubawa ba, akwai kason cancanta, da na yankin da makaranta take, da na jihohin da aka ce suna baya a ilimi, kuma Kebbi da Zamfara duk suna cikin na ƙarshen. Wani lokaci wanda kake ganin an fifita a kanka ta wani kaso daban ya shiga.

Akwai kuma hukumar karɓar koke-koken jama'a, PCC, wadda aka kafa tun 1975, tana da ofis a kowace jiha kuma ba a biyan ko sisi. Mutanenmu sun raina ta, ni kuwa ina ganin a irin wagga matsala ta fi kotu saurin amfani, don wasiƙa ɗaya daga gare su kan sa a ɗauko fayil ɗin da aka ce ya ɓace. Sai dai ka sani ba su taɓa maganar da ke gaban kotu, kuma ba su son ƙorafin da ya wuce shekara guda. Wanda ba shi da halin ɗaukar lauya ya leƙa ofishin Legal Aid, masu ba marasa hali lauya kyauta, mata kuma akwai ƙungiyar lauyoyi mata ta FIDA. Mai lalurar nakasa da aka hana saboda lalurarsa yana da doka ta musamman da aka sa wa hannu a Janairu 2019 wadda ta haramta nuna masa bambanci, ya ambace ta cikin wasiƙarsa.

Yanzu ga wurin da nake so ka buɗe kunne. Duk wannan zirga-zirgar da kake yi agogo na tafiya. Akwai dokar kare jami'an gwamnati, wadda ta ce in za ka yi ƙarar jami'i ko hukumar gwamnati kan abin da suka yi a bakin aikinsu to cikin wata 3 za ka shigar, kuma kotuna sun daɗe da cewa kariyar ta haɗa har da hukumomi ba mutum kaɗai ba. Neman kotu ta sake duba hukuncin wata hukuma a Babbar Kotun Tarayya shi ma wata 3 ne. Akwai togaciya, lauyoyi sun san su, amma kada ka gina shari'arka kan togaciya. Ga kuma wani abin, dokokin da suka kafa makarantu da hukumomi da yawa sun ce sai ka ba su sanarwar niyyar ƙara, galibi wata guda, kafin ka shigar. Ka cire wata ɗaya cikin uku ka ga abin da ya rage. To mu kuma al'adarmu mi ce? A je a ga wane ya yi magana da wane, a jira Alhaji ya dawo Abuja, a bari a sha ruwa, a bari bayan Sallah. Ban ce kada a yi kamun ƙafa ba, a yi, amma ranar da aka hana ka ka rubuta ta a bangon littafi, in an shiga mako na huɗu ba amsa ka je ka ga lauya ko da shawara kaɗai za ka biya. Wasiƙun roƙo da kake ta aikawa ba su tsayar da lissafin.

Wace kotu? In JAMB ce ko kwalejin tarayya ko jami'ar tarayya, sashe na 251 na tsarin mulkin 1999 ya kai irin wagga ƙara Babbar Kotun Tarayya, kuma akwai ta a Gusau akwai ta a Birnin Kebbi. In kwalejin jiha ce, Babbar Kotun Jiha. Ɗaukaka ƙara daga jihohin biyu Sakkwato ake zuwa. Kotun majistare ko kotun shari'a ta unguwa ba huruminsu ba ne, kada wani ɗan kamasho a bakin kotu ya karɓi kuɗinka ya ce zai sa a kira Rajistara. In ka shigar a kotun da ba ta da hurumi za a kori ƙarar bayan watanni, ka juyo ka tarar wata ukun nan sun daɗe da wucewa.

Sannan ka san abin da kotu ke iya yi da wanda ba ta yi, don kada ka sa rai inda ba shi. Mutane na cewa ai ilimi haƙƙi ne a tsarin mulki. Yana ciki, sashe na 18, amma yana babi na biyu wanda shi tsarin mulkin da kansa ya ce ba a kai ƙara a kansa kai tsaye. Kuma alƙalai ba su son shiga abin da suke kira harkar cikin gida ta makaranta, wato wa ya cancanci shiga, wa ya ci, wa za a ba shaida. A shari'ar Magit da Jami'ar Noma ta Makurdi a 2005 Kotun Ƙoli ta tsaya kan cewa ba da digiri hurumin majalisar jami'a ne. Don haka lauyan da ya ce maka zai sa alƙali ya ba ka admishin kai tsaye, ka yi hattara da shi. Abin da kotu ke kamawa shi ne hanya: an bi ƙa'idar da aka shimfiɗa ko an kauce, an saurare ka kafin a yanke ko ba a saurara ba, an nuna maka bambanci saboda ƙabila ko addini ko jinsi ko garin da ka fito. Na saurare shi ne sashe na 36, na bambanci sashe na 42. Shari'ar Garba da Jami'ar Maiduguri ta 1986 ita ce lauyoyi ke yawan ɗaukowa a nan, ɗalibai ne aka kora bayan tarzoma, Kotun Ƙoli ta soke korar saboda ba a yi musu adalcin saurare ba. Wanda aka janye masa admishin bayan ya yi rajista, aka ce takardarsa ta bogi ce ba tare da an kira shi gaban kwamiti ya kare kansa ba, ƙafarsa ta fi ƙarfi nesa ba kusa ba a kan wanda tun farko ba a ɗauka ba.

Amma ko kana da gaskiya, shari'a na iya cin shekarun da karatun kansa bai ci ba. NCE shekara 3 ce. Shari'ar Badejo, yarinyar da ta ƙalubalanci bambancin makin jihohi wajen shiga makarantun sakandare na tarayya, an fara ta a ƙarshen shekarun 1980, ba ta ƙare a Kotun Ƙoli ba sai 1996, lokacin an daɗe da gama ɗaukar ɗaliban da take magana a kai, ba abin da ya rage a ba ta. Ko maganar shekara 16 a matsayin mafi ƙarancin shekarun shiga makarantar gaba da sakandare, wata babbar kotu a Warri ta yanke a 2025 cewa iyakance shekarun ya saɓa wa tsarin mulki, JAMB ta ɗaukaka ƙara, ita kuma ma'aikatar ilimi ta ci gaba da cewa 16 ne. To uban da ke Talata Mafara ko Zuru da ya ji labarin hukuncin a rediyo ya ɗauka an gama, sai ya je ya tarar fotal bai san da zancen ba. Shi ya sa in za a shigar da ƙara, ka tambayi lauyanka tun ranar farko ko zai nemi umarnin wucin gadi na a riƙe maka gurbinka ko a bar ka kana shiga aji har a gama, in ba haka ba ko ka yi nasara zangon ya wuce.

Masu admishin ɗin bayan fage kuwa, waɗanda aka ce "ka fara shiga aji za a daidaita daga baya", ku ne kuka fi kowa shiga haɗari. JAMB ta yi afuwa ga irin waɗannan na shekarun 2017 zuwa 2020, ta kuma sha faɗa cewa ba ta sake yi. In ba ka danna karɓa a CAPS ba, ba ka buga takardar admishin ta JAMB ba, sunanka ba ya cikin jerin matirik, to ranar da za ka nemi shiga aji biyu na jami'a da NCE ɗinka, ko ranar tafiya bautar ƙasa bayan digiri, abin zai fito. Ka bincika yanzu da wayarka tun kana aji ɗaya. Haka mai HND ko digirin da ba na koyarwa ba da ke neman PGDE, wato difilomar koyarwa, don ya samu rajistar TRCN, hukumar rajistar malamai, ko a cibiyar horar da malamai ta NTI ne ko a wata kwaleji, ya tabbatar kwas ɗin da cibiyar suna da amincewa kafin ya biya, don akwai cibiyoyin da ke buɗewa a ajin firamare ranar Asabar su ce reshen wata makaranta ne, su karɓi kuɗi shekara biyu.

In bambancin suna ne ko ranar haihuwa tsakanin NIN da JAMB da sakamako, rantsuwar kotu kaɗai ba ta gyara abin da ke cikin kwamfutar wata hukuma, sai ka je kowace ɗaya ka cike fom ɗin gyara ka biya kuɗinta, ka riƙe rasit, ka haɗa shi da wasiƙarka zuwa ga Rajistara kana roƙon a ba ka lokaci. Kuma duk wanda matsalarsa kiredit ɗaya ce, ko ya rubuta ƙorafi ko ya shigar da ƙara, ya je ya yi rajistar WAEC ko NECO ta masu zaman kansu da ake yi ƙarshen shekara, ya kuma tambaya ko kwalejin na da Pre-NCE, wato ajin share fagen shiga NCE, a kwas ɗinsa. Yin haka ba ya nufin ka janye ƙorafinka, kuma in sabon sakamako ya fito ka duba kada haɗa shi da tsofaffin ya zama zama uku.